Inna ta rantse jikanta ba zai taɓa jirgin sama ba

Assalamu alaikum jama'ar wannan zaure. Admin don girman Allah ka sakaya sunana, ƴan garinmu da yawa suna nan ciki. Don Allah ku ba ni shawara, abin ya kai ni ko abinci na sa a baki ba na jin gishirinsa.

Ni malamar lakol ce, wato makarantar boko, a Mayahi, mijina ya daɗe da rasuwa, ɗa guda Allah Ya bar mini, Sanusi, sai mahaifiyata da muke kira Inna, na ɗauko ta daga ƙauyenmu na wajen Tchaké tana zaune wurina. Sanusi ya ci bak, jarrabawar gama sakandare, bara, bana ya yi jarrabawar konkur ta shiga makarantar gyaran jiragen sama, cikin ikon Allah sunansa ya fito, an ce su hallara a Yamai Litinin mai zuwa. Ni da na ji har da guɗa. Inna kuwa tana jin an ambaci jirgi ta ajiye ludayin furarta, tun ranar gidan ya koma kamar ana zaman makoki.

Ku ji dalili kafin ku ce rigimar tsufa ce. Ina ƙarama, zamanin mulkin soja na can baya, fari ya cinye mana damina, wadda ta biyo ta ɗan yi kyau sai ga fara. Aka turo wani ƙaramin jirgi yana feshin magani, yana bi ƙasa-ƙasa har muna hango kan matuƙin. Wani hantsi muna gona muka ji kukansa ya canja kamar mai tari, ya karkata, ya daki gawon da ke bakin gonarmu, ya kifa cikin hatsi. Babanmu da sauran maza suka ciro matuƙin da ransa suka ɗora a amalanken jaki, amma bai kai ga likita ba. Har yau in na shaƙi warin esanshi, wato fetur, sai gabana ya faɗi.

Abin da ya biyo baya shi ne masifar. Mutanen da yunwa ta koya wa kada su bar ko ƙusa a ƙasa, kafin hukuma ta iso kowa ya ɓalli rabonsa, wani ya yi murfin rumbu, wani ya kai wa maƙera su zuba masa tukunya. Ba wanda ya san ba a taɓa tarkacen jirgi, ba wanda ya san da shi masu bincike ke gane abin da ya kayar da shi. Da sojoji suka rako masu binciken suka tarar da fili fetal sai ƙonannen kara, suka tambayi gonar wa ce, aka ce ta babanmu. Shi da bai ɗauki ko guntun waya ba, shi aka jefa a mota zuwa Tasawa. Ya dawo bayan girbi ba ya iya miƙewa sosai, bai taɓa faɗin abin da aka yi masa ba, bai kuma ga wata daminar ba.

Sanusi ya zauna gaban Inna ya yi mata bayani har bakinsa ya bushe, cewa shi ba tuƙi zai yi ba, a ƙasa zai tsaya yana duba inji don kada wani jirgin ya faɗo a gonar wani. Ta ce wanda ke ƙasa ai shi ake kamawa, mijinta ma a ƙasa yake. Yaron da kullum take tsokana tana ce masa "maigidana", yana ce mata tsohuwa mai ran ƙarfe, yanzu ko gaisuwarsa da ka take amsawa. Na kira kawuna daga ƙauye ya yi mata magana, na kira limamin unguwa, duk ta saurare su da ladabi, suna fita ta ce tana nan kan bakanta.

Shekaranjiya raina ya ɓaci, na ce mata ba jirgi ya kashe Baba ba, rashin sani ne da zaluncin mutane, kuma ba zan binne rabon ɗana a gonar da ta riga ta ci mutum biyu ba. Wallahi da na san haka za ta yi kuka da na haɗiye maganata. Da ta share hawaye ta ce, "Ke ɗiyata ce, ba ni yi maki baki. Amma ran da ya hau motar Yamai ni ko ta Tchaké za ni hawa, kuma in na mutu kar ki zo wankana." Kayanta na nan ƙulle a zane bakin ƙofa, ko tabarmar sallarta ta naɗe.

Ba zan ɓoye muku ba, ni ma ina tsoro, shi kaɗai gare ni, kuma yanzu ma masu kaki ke riƙe da ƙasar. Amma yaron nan tun yana firamare yake ƙera jirgi da karan dawa, kuma na ga abokansa masu bak suna zaman kashe wando a tasha. Masu cewa ki yi addu'a, ina yi, ba ita na rasa ba.

Jiya Sanusi ya same ni ina tankaɗe, ya durƙusa ya ce ba zai tafi da hawayen kakarsa ba, kuma ba zai zauna don tsoronta ba, ni ce uwarsa, abin da na faɗa shi zai yi, amma in dubi idonsa in faɗa da bakina. Don Allah ku da ke da uwa kuma kuke da ɗa, wanne zan duba in ce masa ya haƙura?