Ni na nuna fuskar Baba Agali a tele

Assalamu alaikum jama'ar wannan shafi. Don Allah a sakaya sunana, kuma ku karanta har ƙarshe kafin ku zage ni, don na riga ku zagin kaina.

Ina aiki a wata ƙaramar tele ta intanet a Tanout. Bana shef ɗinmu, wato shugabanmu, ya ɓullo da sabon salo: in muna shiri kai tsaye, kamara ta biyu tana ɗaukar bayan fage, masu kallo su ga yadda muke fama da wayoyi da baƙi. Abokin aikina Isufu ke riƙe da ita, ni kuma ni ke danna maɓallin hoton da zai fita.

Makon jiya muka je Tarka yin shiri kan rijiyoyin makiyaya. Baƙonmu Baba Agali ne, wani dattijo Ba'abzine. Na matso zan maƙala masa makirfo, sai ya ja da baya ya ce wa shef, "Ba ku da namiji ne?" Aka kwashe da dariya, abin ya tsaya min a rai. Ana tsakiyar shiri ya zaga bayan tanti inda ba kowa, ya sauke amawalinsa zai sha ruwa. Isufu ya tafi gyara waya, ya bar kamararsa tana kallon wajen. Na gani a allona, na danna. Uwata Ba'abziniya ce, na san dattijonsu ba ya buɗe bakinsa gaban mutane, balle surukai. To wa zan ce ya ruɗe ni? Kafin mu kwashe kaya hoton ya zaga wayoyi har Belbeji, ana ta dariyar giɓinsa. An ce tun ranar bai sake shiga kasuwa ba. Wallahi kunya kamar in nutse.

Shef ya ɗora wa Isufu laifin, ya ce in dattijon bai yafe ba, Isufu ya ajiye kamara. Ina tsaye a wurin na yi gum, don in na yi magana dangin uwata za su ji, kuma ban san da wane ido zan kalle ta ba.

Jiya Isufu ya same ni ya ce, "Ƙanwata, ke kike jin yarensu. Ki taimaka ki raka ni ran Juma'a ki yi min tafinta, ni ban san yadda ake ba su haƙuri ba."

Na ce to. Jama'a, in tsaya gaban Baba Agali ina fassara "ni na yi, ka yafe min" daga bakin wanda bai yi komai ba? Me zan yi?