Dajin Da Ka Ce Ba Mai Shi

Yaya Sani,

Assalamu alaikum. Ya Legas, ya iyali, ya ƙafar Hajiya? Mu nan Gusau lafiya lau.

Baƙin da ka turo sun iso, riƙe da takardar tallan da ka rubuta, wai bayan Bungudu daji ne ba mai shi, ga zinari, ga ƙasar noma. Na kai su. Babbansu ya zaɓi gindin tsamiya, ya ce nan za a fara haƙa. Baffa Ɗanladi ya taso daga gonarsa, ya ce, “Sannu da zuwa, Alhaji. Ɗan matsa, kan kabarin mahaifina kake tsaye.”

Kakanmu ke nan, Yaya. Ka gyara takardarka.

Gai da yara. A sa mu a addu'a, har da kakan namu.

Ƙanenka,
Bello