Ba Za a Sake Ɗage Zaman Ba

Zuwa ga Kawu,

Assalamu alaikum. Bayan gaisuwa da ladabi, ina fatan wannan takarda ta same ka lafiya kai da iyali, Allah ya sauƙaƙa maka ciwon gwiwar nan. Mu ma lafiya lau, sai idon Umma da yake yawan ruwa. Auta ta shiga aji huɗu, surutunta ya ninka.

Kawu, maganar gidan nan ce. Ka san shekara biyar ke nan da 'ya'yan marigayi mai gida suka kai Baba ƙara don a tashe mu, kuma duk zaman da aka je sai a ɗage: yau alƙali ya yi tafiya, gobe takardu ba su fito ba, jibi shaidarmu, wato kai, yana nesa. Har muka saba, Umma ta dasa lemun tsami a tsakar gida. To makon jiya lauyanmu ya zo, ko zama bai yi ba. Ya ce babbar kotu ta umarci ƙananan kotuna su gama duk tsohuwar shari'ar tashin 'yan haya cikin wata biyu. Tamu an sa sha bakwai ga watan gobe, kuma ko shaida ya zo ko bai zo ba, za a yanke. Ya ce kai kaɗai ka rage cikin waɗanda suka ji tsohon ya ce wa Baba, tunda shi ya gina ɗakunan baya da guminsa, iyalinsa su zauna har yara su girma.

Akwai abin da ban taɓa faɗa wa kowa ba. Tun rasuwar Baba ba a canza sunan da ke kan takardun ba, don haka kowane zama akawun kotu yakan ɗaga murya ya kira shi sau uku, ɗakin ya yi tsit. Ni kuwa sai in waiwaya ƙofa. Can kaɗai ake kiransa yanzu a jira amsa, shi ya sa ban taɓa ƙin raka Umma ba. Ranar da aka yanke, wannan ma ya ƙare.

Gidan kansa kamar ya ji labari. Da rana tsaka ina karatu nakan ji kamar ana taka keken ɗinkin Baba, in leƙa in tarar da shi a lulluɓe. Shekaranjiya babban ɗan mai gida ya shigo da magini suna awon bango, suka wuce ta gabana ba ko kallo, har na taɓa hannuna in ji ko ina nan. Auta tana tsokanata wai a littattafan soyayyata ai kullum wani yakan iso a shafin ƙarshe. Na ce mata namu gwiwarsa na ciwo, kuma sai ya hau mota biyu.

Umma ba ta san na rubuto ba, ta ce kada a ɗora maka nauyi. In za ka iya zuwa, don Allah ka zo. In ba za ka iya ba, ni za ka faɗa wa, in fara ɗaure kaya kaɗan-kaɗan yadda ba za ta lura ba.

A gaida Gwaggo da Yaya Babba da amaryarsa, a shafa mini kan 'yan biyu.

'Yarka,
Shiru-shiru