Alhaja ta ce sai Yaya ya sauka kafin ta janye ƙara

Assalamu alaikum jama'ar wannan gida. Admin a ɓoye sunana. Don Allah ku ba ni shawara, kaina ya ɗau zafi.

Muna da kamfanin sarin kayan masarufi a kasuwar Singa, marigayi Baba ne ya yi masa rajista, ya bar ni da yayana a matsayin daraktoci, ƙannenmu mata kuma suna da hannun jari. A takarda mu biyu ne, amma a kasuwa Yaya ne komai, ni nawa sa hannu. Bara kasuwa ta juya mana baya, muka karɓi kaya bashi a wajen wani dila ɗan Ibo a Sabon Gari, biya ya gagara, mutumin ya yi ta zarya har ya gaji, ƙarshe ya shigar da ƙara yana neman kotu ta rushe kamfanin, a sayar da kadarorinsa a biya shi.

Lauyanmu ya ce abin da sauƙi tunda ba a buga sanarwar ƙarar a jarida ba, a yi sulhu a rubuce, a kai wa alƙali, mai ƙara ya janye. Yaya ya ce shi ba zai biya lauya kuɗin zama ba, maganar kasuwa a kasuwa ake kashe ta. Ya tara dattawan layinmu, aka kira mutumin, aka ba shi rabi, saura bayan sallah, aka tafa, aka shafa fatiha, har shi Kiristan ya ce amin. Na ce Yaya kotun fa, ya ce tun ina cikin tsumma yake kasuwa.

Babu wanda ya koma kotu. Mutumin ya ɗauka mu za mu sanar da kotu, mu mun ɗauka shi zai gaya wa lauyansa, lauyan kuwa da bai ji komai ba ya ci gaba da aikinsa ya buga sanarwar. Banki ya tsayar mana da asusu, masu ba mu kaya suka ɗauke ƙafa. Wallahi takaici kamar in fashe, abin da aka gaya mana ƙiri-ƙiri.

Sai ga Alhaja, wata dattijuwa Bayarabiya maƙwabciyarmu a Kwaciri, tun zamanin Baba take ba mu man girki, bashinta ya fi na kowa kuma ba ta taɓa tambaya ba. Ta ga sanarwar, ta ji an biya wani, ta turo lauyanta ya shiga ƙarar. Yanzu ko ɗan Ibon ya janye, kotu za ta iya sa ta a madadinsa. Na je gidanta na durƙusa. Ta ce min, "Ɗana, wanda ya kai ku kotu kun kira shi kun ba shi rabi. Ni da na yi shiru don kunyar babanku, ko gaisuwa ban samu ba." Ta ce ta yarda ta janye ƙara mu riƙa biya kaɗan-kaɗan, amma sai Yaya ya cire hannunsa daga asusu ni in riƙe, kuma a gaban alƙali za a rubuta.

Da na gaya wa Yaya, cewa ya yi na haɗa baki da Alhaja in ƙwace shagon ubanmu, gara a rushe kowa ya rasa. Har Inna ya kai ƙarata, ta kira ni tana kuka wai in bi na gaba da ni. Lauya kuma ya ce hannun jarina da na ƙannenmu ya isa mu kira taro mu sauke shi ko bai so ba, kuma zaman kotu ya matso.

Na san Yaya, in na yi haka ya bar taka ƙofar gidana ke nan. To ku gaya min, in sauke shi in ceci shagon, ko in bar masa girmansa mu rasa shagon tare? Innar da ke cewa in yi haƙuri, daga shagon nan ake sayen maganinta.