Marin Royce Hanlon

Litinin, 5 ga Maris, 1962
Na samu aiki. Ni ce matar Royce Hanlon a sabon wasan kwaikwayon da za a yi a Broadway, unguwar manyan gidajen wasa ta New York. Wai ya gaji da Hollywood, ya dawo dandamali. Ƙarya yake, fina-finansa ne suka daina kasuwa.

Wannan ne fa mutumin da ya zauna gaban kwamitin gwamnati ya ambaci sunan mijina Morty cikin 'yan kwaminis, don a bar shi ya ci gaba da fim. Amininsa ne fa Morty. Daga ranar babu wanda ya sake ɗaukar Morty a wasa. Ya ƙare yana sayar da takalma a unguwar Bronx, a shagon kuma zuciyarsa ta buga.

Na karanta wasan. A kashi na biyu ina marinsa. Nan take na amsa.

Alhamis, 8 ga Maris
Gwaji na farko. Royce ya tsufa, ya rina gashi. "Irma, ba ki canja ba," in ji shi. Na ce, "Kai ma ashe har yanzu ba ka mantuwa da sunayen mutane." Ya sunkuyar da kai.

Talata, 20 ga Maris
Darakta Pomerantz ya koya mana marin wasa. Hannuna zai wuce gefen kuncinsa ba tare da ya taɓa ba, shi kuma ya juya kai, ya bugi cinyarsa ta ɓangaren da 'yan kallo ba sa gani, ƙarar ta fito. Na bi umarni tsaf, kamar 'yar makaranta. Ba zan ɓata marina a ɗakin da babu kowa ba.

Alhamis, 5 ga Afrilu
An buɗe wasa. Na zabga masa na gaske, da zoben aurena a yatsa. Har 'yan kujerun baya sun ji. Idonsa ya kawo ruwa, amma ya ci gaba da maganarsa. Na ji daɗi har cikin ƙashina. Na saya wa kaina kek a hanyar gida.

Juma'a, 6 ga Afrilu
Jaridu sun yaba marin. Wai kamar gaske.

Asabar, 14 ga Afrilu
Kullum sai na yi, ranar da ake wasan rana kuma ya sha ƙari. Kuncin ya kumbura, mai kwalliya sai lafta masa hoda take. Pomerantz ya ja ni gefe. "Madam Kessler, in Royce ya kai ƙara ƙungiyar 'yan wasa, korar ki zan yi. Kuma kin san ba rububinki ake ba." Gaskiyarsa, wannan ne aikin kirki na farko da na samu tun rasuwar Morty. To ya kai mana. Ai kai ƙara sana'arsa ce.

Laraba, 18 ga Afrilu
Bai kai ba. Abin ya fara ba ni haushi.

Laraba, 25 ga Afrilu
A wasan rana na lura da wani abu. Kafin hannuna ya sauka sai ya matso da fuskar, ya lumshe ido. Da aka tashi na tare shi a matakala. "Me ya hana ka kaucewa?" Ya ce, "Tun da kika fara nake samun barci, Irma. Don Allah kar ki daina."

Wato magani nake ba shi. Morty na kabari, wannan kuwa yana sharar minshari albarkacin hannuna. Raina ya ɓaci, ko abinci na kasa ci.

Alhamis, 26 ga Afrilu
An tashi wasa kafin na gama shawara. Daga gobe ba zai ƙara samu ba. Ya je ya kwana ido biyu.

Juma'a, 27 ga Afrilu
Na yi marin wasa, hannuna ya wuce ta iska. Bai bugi cinya ba, ya manta yadda ake yi. Ya tsaya ido rufe yana jira. Wurin ya yi tsit, sai wani a bene ya fara dariya. Maganarsa ta ɓace masa, ga jama'a sun zuba masa ido. Abin da na yi shekaru ina roƙo ke nan.

Ban san yadda aka yi ba, na dafa kuncin, daidai wajen kumburin. Da zafi sosai. Na riƙe har maganar ta dawo masa.

Don wasan na yi, kar ya lalace mu rasa aiki, ba wani abu ba. Pomerantz ya ce daga yau haka za a riƙa yi kullum.

Ban ce masa a'a ba.