Kalmar da Na Koya wa Nana

Zuwa ga Malam, baban Nana,

Assalamu alaikum. Na san ba za ka karanta wannan ba, ɗan aike ba ya kaiwa inda kake. Amma tun da muka haɗu ban taɓa jin labari na kwana da shi ban gaya maka ba, kuma ban ga dalilin da zan fara yanzu ba.

Gida lafiya. Shinkafar fadama ta yi kyau, ruwa bai ci ta ba bana. Nana ta koma makaranta, ta kai ni tsawo har kafaɗa.

Malam, mutumin nan ya ɗaukaka ƙara. Maƙwabcinmu mai kabu-kabu, wanda aka ɗaure saboda abin da ya yi wa ɗiyarmu. An kira mu kotu a Bagudo aka faɗa mana.

Na ɗauka za a sake tara mu ne, a sa yarinyar nan ta sake maimaita abin da take ƙoƙarin mantawa. Lauyar gwamnati ta ce a'a. Wai alƙalan sama ba sa kiran shaida, takardun shari'ar farko kawai suke karantawa, su duba ko hujjar da ke ciki ta isa ɗaurin da aka yi. Ta ce ko kana raye ba za a kira ka ba. Maganarka tana nan a rubuce, tare da ta likita da ta Nana. Ka ji fa, kana ƙarƙashin ƙasa kana ba da shaida, ni da nake numfashi ba ni da bakin cewa komai.

Ga inda tsorona yake. Da aka tambayi Nana wane ne, cewa ta yi Kawu. Tafinta ya juya shi da Turanci, aka rubuta ɗan'uwan uwa. Yanzu lauyan mutumin ya kama wannan kalma ya riƙe. Yana cewa wanda yake karewa ba ya haɗa jini da mu, yarinya kuwa tana da kawunta na gaske, wato ƙanena Sale da ke tsallaken iyaka. Sale da a lokacin ya fi shekara bai taka garinmu Kurgu ba! A nan wa bai san duk babban da ke shiga gidanka kawun 'ya'yanka ba ne? Amma waɗanda za su karanta, sun taɓa zama a ƙofar gidanmu?

Ka gaya mini a ranar shari'a Nana ta ɗaga hannu ta nuna mutumin. Kai ka gani, alƙalin ya gani. Ni ina waje, na kasa shiga. Lauyar ta ce alƙalan sama ba sa saurin rushe abin da alƙalin farko ya gani da idonsa, in dai ya shiga takarda. To an rubuta hannun nan, Malam? Ko mai rubutu ya sunkuya a lokacin? Ta ce za ta duba ta kira ni. Kwana shida ke nan ina kallon waya.

In aka sake shi, katanga ɗaya ce tsakaninmu. Kai kuma ba ka nan.

Akwai abin da ban gaya maka ba. Nana da sunansa take kiransa tun tana koyon magana. Ni na tsawata mata, na ce ba a kiran babba da suna, ta ce Kawu. Ni na ce in ya aike ta ta je da gudu. Ka rasu kana zargin kanka don kana kasuwar Lolo ranar da abin ya faru, ni kuwa na bar ka da zargin, na yi shiru saboda tsoron idonka. Ka yafe mini.

Sale ya zo duba mu ranar Juma'a. Nana ta durƙusa ta gaishe shi, ba ta kira shi da komai ba. Ban gyara mata ba.

Allah Ya haskaka makwancinka. Sai na iso.

Matarka,
uwar Nana