Ashe Kana Da Tabo A Haɓa

Zuwa ga ɗana na fari, wanda bakina bai taɓa kiran sunansa ba.

Bayan gaisuwa mai tarin yawa, ina fata kana lafiya, kai da Nasarun da kake bi. Ka yi haƙuri da rubutun. Shekara biyu na yi a lakwal, makarantar boko, ta biyun ma a bakin tafki na ƙare ta. Ga idon dama ya yi yana, na hagu yana bin sawunsa. Dalilin wasiƙar ke nan.

Damina uku ke nan da suka zo Madarumfa da akwatin ɗaukar hoto, suka ce ka ja taru yadda ka saba. Ka ja, suka yaba, suka tafi da kai. Yanzu an ce aikinka ke nan, ka tsaya gaban akwati ka yi halinka. Mu da muka sha fama da halin nan shekara ashirin, ba mu san sana'a ba ce.

Watan jiya na ji za a nuna ka a Maraɗi. Na hau jaki, na ce wa innarka goro zan sayo. Sai ga ka a jikin farin ƙyalle, kanka ya kai randa. Kana gyaran taru da karkataccen ƙullin nan nawa da masunta ke yi wa dariya, tafinta kuma yana cewa haka mutanen Madarumfa ke yi tun kaka da kakanni. Na ɓata wa gari suna har Faransa.

Ka san kunyar ɗan fari. Ban taɓa ɗaukar ka ba. In ka shigo zaure, sai in sami abin dubawa a ƙasa. A can kuwa ba wanda ya san ni, sai na zuba maka ido. Ashe kana da tabo a haɓa. Ashe dariyarka daga gefen hagu take farawa, irin ta marigayiya mahaifiyata. Gida ɗaya muke, amma sai da Nasara ya nuna mini. Ban ƙoshi ba suka naɗe ƙyallen.

Ka roƙe su hutu, ka zo kafin a gama ɗaurin gero. Zan shimfiɗa tabarma a ƙofar gida, ka zauna gabana in dube ka da rana tsaka. Mai gulma ya yi ta yi.

Allah ya tsare ka a hannun baƙi, ya kawo ka da sauran ganina.

Ni ne tsohon nan da ka sani.